Arthur Wharton: ɗan Akra da ya fi kowa gudu a Ingila, ya ƙare a ramin kwal

Ranar 3 ga watan Yuli na 1886, a filin wasa na Stamford Bridge da ke birnin Landan, wani saurayi ɗan shekara 20 ya lashe tseren yadi 100 na gasar ƙasar Ingila cikin daƙiƙa 10 cif. Sau biyu ya yi hakan a wannan rana, a zagayen share fage da kuma a tseren ƙarshe. Sunansa Arthur Wharton, kuma a birnin Akra aka haife shi. A wancan lokaci babu wani ɗan tseren da hukuma ta tabbatar ya yi gudun da ya wuce wannan, shi ya sa ake lissafa nasa cikin bajintar duniya ta farko-farko a wannan zango.

Shekara 44 bayan haka, an binne mutumin nan a wani ƙauyen masu haƙar kwal a arewacin Ingila, cikin kabarin da ba a sa masa ko dutse ba. Abin da ya faru tsakanin ranar farko da ta ƙarshe ya shafi launin fatarsa, ya kuma shafi wata doka da ta mulki wasannin guje-guje shekaru da dama, wadda ta ce ɗan wasa na ƙwarai ba ya cin abinci da ƙafarsa.

Ɗan babban gida

An haifi Arthur Wharton ranar 28 ga Oktoba 1865 a unguwar Jamestown ta Akra, a ƙasar da Turawa ke kira Gold Coast, Hausawa fatake ke ce mata Gwalkwas, wato Ghana ta yau. Mahaifinsa, Henry Wharton, limamin cocin Methodist ne da ya zo daga tsibirin Grenada a yankin Karibiyan, kuma jininsa ya haɗa Afirka da Sikotlan. Mahaifiyarsa, Annie Florence Grant, ƴar wani ɗan kasuwa ce mutumin Sikotlan, uwarta kuwa daga gidan sarautar Fante ta fito. Ɗan'uwan mahaifiyar, Francis Chapman Grant, babban attajiri ne a gaɓar tekun, yana kuma da hannu a harkar jarida.

Saboda haka Arthur bai tashi cikin rashi ba. Gidansu na cikin ƴan tsirarun gidajen gaɓar teku masu ilimin boko da dukiya, waɗanda ƴaƴansu ke zama malamai, limamai, lauyoyi da ma'aikatan gwamnati. Mahaifinsa ya rasu a 1873 yana ɗan shekara takwas ko ƙasa da haka kaɗan, daidai lokacin da Ingila ke shirin yaƙi da Asante, yaƙin da ya kai ga ƙone Kumasi a 1874. Dangi suka ɗauki nauyin karatunsa. Ya yi ƴan shekaru a wata makaranta a Landan tun yana yaro, ya koma gida, sannan a 1882 aka sake tura shi Ingila domin ya yi karatun aikin mishan, ya gaji mahaifinsa. Ya fara a kwalejin Shoal Hill da ke Cannock, daga baya ya koma kwalejin Cleveland a garin Darlington.

A Darlington ne hanya ta sauya. Garin na jiragen ƙasa ne da masana'antu, kuma a shekarun nan wasanni sun fara zama abin da ma'aikata ke taruwa kallo ranar Asabar da yamma. Ɗalibin mishan ya shiga ƙungiyar kurket da ƙwallon ƙafa ta garin, ya zama mai tsaron gida, yana kuma shiga tseren da ake shiryawa a bukukuwan wasanni na bazara. Ba a daɗe ba aka gane cewa babu mai kamo shi a yankin. Ana ba da labarin wani tsere a Middlesbrough a 1885, inda ya tabbata shi ya zo na ɗaya amma alƙalai suka ba shi na biyu. Kyautar na biyun wani kwano ne, sai ya rotsa shi a gaban masu shirya gasar. Wannan hali na ƙin haɗiye raini ya bi shi har ƙarshen wasansa.

Daƙiƙa goma

Yadi 100 daidai yake da mita 91.44, wato ya gaza mita 100 na yau da kusan mita tara. Sai dai kafin a kwatanta lokacin Wharton da na ƴan tseren zamani, ya kamata a san irin filin da ya yi gudu a kai. Tokar kwal ake shimfiɗawa a daddaɓe. Babu matokarar ƙafa da ƴan tsere ke tashi a kai yanzu, kuma a tsaye ake fara gudu, domin salon durƙusawa kafin tashi bai yaɗu ba tukuna. Lokaci kuwa da agogon hannu ake ɗauka. A irin wannan yanayi, daƙiƙa 10 ita ce iyakar da manyan ƴan tsere ke mafarkin taɓawa.

Hukumar wasannin guje-guje ta Ingila, wadda ake taƙaita sunanta da AAA, an kafa ta a Oxford a 1880, kuma gasarta ta shekara-shekara ita ce mafi daraja a duniya a lokacin. Ba a fara gasar Olympics ta zamani ba sai 1896, hukumar guje-guje ta duniya kuwa sai 1912 aka kafa ta. Wanda ya ci yadi 100 a gasar AAA, ana iya cewa ya ci babban kambun da ke akwai. Shi kansa filin Stamford Bridge na guje-guje ne a lokacin, ƙungiyar Chelsea ba ta zo ba sai 1905.

Nasarar ta zo ne shekara ɗaya da ƴan watanni bayan kammala taron Berlin, inda ƙasashen Turai suka tsara yadda za su raba Afirka. Littattafai da jaridun zamanin cike suke da da'awar cewa baƙar fata na ƙasa da Bature a hankali, a juriya da kuma ƙarfin zuciya. Ga shi kuma ɗan Akra ya tsere wa zaɓaɓɓun samarin Ingila a babban birninsu, da agogonsu, a gaban alƙalansu. Jaridu sun yaba, amma sau da yawa da wani laƙabi mai nuni ga launin fatarsa suke kiransa maimakon sunansa.

A 1887 ya sake lashe kambun yadi 100 na AAA, abin da ya rufe bakin masu cewa sa'a ce. A wannan shekara kuma ya kafa bajinta a tseren keke tsakanin garuruwan Preston da Blackburn. Sai a 1890 wani Ba'amurke, John Owen, ya sauko da lokacin yadi 100 zuwa daƙiƙa 9.8 a hukumance.

Dokar da ta hana cin gumi

A Ingila ta wancan zamani ƴan tsere kashi biyu ne. Akwai masu yi don sha'awa, akwai masu yi don kuɗi, kuma tsakaninsu akwai katanga. Ƙungiyar da ta riƙe gasar ƙasa kafin AAA ta taɓa rubuta ƙarara cewa lebura da mai sana'ar hannu ba sa cikin ƴan wasan sha'awa. AAA ta soke wannan sharaɗi, amma ta bar ginshiƙin: ɗan wasan sha'awa ba ya karɓar kuɗi, ba ya sayar da kyautar da ya ci, ba ya kuma tsere da masu karɓar kuɗi. Wanda ya karya, an kore shi. Kyaututtukan kofuna ne, agoguna da kayan ado na ɗaki.

Dokar ta dace da ƴaƴan masu hali da ke Oxford da Cambridge, waɗanda ke gudu na ƴan shekaru sannan su koma aikin lauya ko kasuwancin iyayensu. Ga wanda ba shi da wata hanyar samu, ma'anarta ita ce ya tara jama'a a fili, masu shirya gasa su karɓi kuɗin ƙofa, shi kuma ya koma gida da agogon bango. Wharton ya fara ne a ɓangaren masu hali, domin ɗalibi ne da dangi ke ciyarwa. Da ya bar karatun mishan ya rungumi wasa, sai ya tsinci kansa a ɗaya ɓangaren, mai suna a duk faɗin ƙasa amma babu albashi.

A bakin raga

Sunan da ya yi a gudu ya ja hankalin Preston North End, ƙungiyar ƙwallon ƙafa mafi ƙarfi a Ingila a shekarun nan. Preston ta san rikicin kuɗi da wasa, domin a 1884 an fitar da ita daga gasar kofin FA saboda biyan ƴan wasa, kafin hukumar ƙwallon ƙafa ta halatta biyan a 1885. Wharton ya shiga ƙungiyar a 1886 a matsayin ɗan wasan sha'awa, abin da ya bar masa damar kare kambunsa na gudu. Yana cikin raga lokacin da Preston ta kai wasan kusa da na ƙarshe na kofin FA a 1887, inda West Bromwich Albion ta doke ta da ci 3 da 1.

Mai karatu zai iya mamakin yadda aka ajiye mutumin da ya fi kowa gudu a bakin raga. Tsaron gida a lokacin aikin ƙarfi ne da zafin nama. Doka ta yarda ƴan gaba su banke mai tsaron gida, har su tura shi cikin raga tare da ƙwallon, kuma har zuwa 1912 yana da ikon taɓa ƙwallo da hannu a ko'ina cikin rabin filinsu. Wharton ya yi suna wajen naushin ƙwallo ta yi nisa. Yakan tsuguna a gefen turken raga kamar ba ruwansa, sai an buga ya zabura. Tsofaffin ƴan kallo sun riƙa ba da labarin ranar da ya kama sandar sama ya yi lilo, ya cafke ƙwallo da ƙafafunsa, ƴan gaban da suka taho banke shi suka zube cikin raga.

Wasu marubutan wasanni a arewacin ƙasar sun yi kira a sa shi a ƙungiyar ƙasa ta Ingila, amma ba a taɓa kiransa ba. Sai a 1978 baƙar fata na farko, Viv Anderson, ya buga wa babbar ƙungiyar Ingila wasa.

Tsallake katanga

A 1888 Wharton ya yanke shawarar da ta raba rayuwarsa biyu. Ya bar Preston, ya koma Sheffield, cibiyar tseren kuɗi a Ingila. Tseren can na ba da rata ne: ana duba ƙarfin kowane ɗan tsere, a ba mai rauni ƴan yadi a gaba, gwani kuma ya tashi daga baya. Dubban ma'aikata ke zuwa kallo, ana caca mai yawa, kuma masu kuɗi ne ke ɗaukar nauyin ƴan tseren, su ne kuma ke cin kaso mafi tsoka. A watan Satumba na wannan shekara ya lashe babban tseren da aka yi a filin Queen's Ground na Sheffield.

Daga ranar da ya karɓi kuɗin gudu, ƙofar AAA ta rufe masa. A kakar da ta biyo bayan tafiyarsa kuma, ta 1888 zuwa 1889, Preston ta lashe gasar lig ta farko a tarihi ba tare da an doke ta ko sau ɗaya ba, ta haɗa da kofin FA. Da ya ƙara shekara guda a can, da wataƙila sunansa na cikin jerin da kowane mai bin tarihin ƙwallon Ingila ya sani.

Tseren kuɗi ba ya riƙe mutum shekara cur, musamman gwanin da kowa ya san ƙarfinsa, wanda ake ƙara ja da shi baya duk lokacin da ya ci. A 1889 ya sa hannu da Rotherham Town a matsayin mai karɓar albashi, kuma wannan ne dalilin da ya sa ake yi masa kallon baƙar fata na farko da ya mai da ƙwallon ƙafa sana'a. Kafin shi an yi Andrew Watson, haifaffen Guyana, wanda ya buga wa ƙasar Sikotlan tun 1881 a zamanin wasan sha'awa. Wharton ya yi aure a Rotherham a 1890, ya riƙe gidajen shaye-shaye a garin kamar yadda ƴan wasa da yawa ke yi don ƙarin samu, da bazara kuma yana buga kurket ana biyansa.

A 1894 Sheffield United ta ɗauke shi. Sai dai ya tarar da wani ƙaton saurayi, William Foulke, wanda ya zama ɗaya daga cikin shahararrun masu tsaron gida na zamanin. Wasanni kaɗan Wharton ya samu, amma ɗaya daga ciki, wanda suka yi da Sunderland a farkon 1895, ya sa ya zama baƙar fata na farko da ya buga a rukunin farko na lig ɗin Ingila. Daga nan ya riƙa sauka zuwa ƙananan ƙungiyoyi: Stalybridge Rovers, Ashton North End, sannan Stockport County, inda ya rataye takalmi a 1902 yana da shekara 36.

Hanyar gida ta toshe

Akwai alamar cewa tun yana tsakiyar wasa ya hango inda abin zai kai. A 1893 ya nemi aiki a gwamnatin mulkin mallaka ta Gwalkwas. Yana da ilimi, yana da dangi sanannu, ga sunan mahaifinsa. Ba a ɗauke shi ba. A idon jami'an zamanin, mutumin da ya yi gudu don kuɗi a gaban ƴan caca ya zubar da martabarsa. Lokacin ma ya juya wa irinsa baya. A tsakiyar ƙarni na 19 ƴan Afirka masu ilimi sun riƙe manyan muƙamai a gaɓar tekun yammacin Afirka, amma zuwa ƙarshen ƙarnin an fara ture su gefe. A 1902 har doka aka yi wadda ta keɓe babban rukunin likitocin gwamnati na yammacin Afirka ga Turawa zalla.

Haka mutumin ya rasa tudu biyu. Ƴan wasan sha'awa sun kore shi saboda ya karɓi kuɗi, gwamnatin da ke mulkin ƙasarsa ta ƙi shi, sana'ar da ya zaɓa kuma ba ta da fansho, ba ta da tanadi ga wanda ƙafarsa ta gaji. Shan barasa ya shiga rayuwarsa, abin da ya ƙara dagula masa al'amura. Bai sake komawa zama a ƙasar haihuwarsa ba.

Ƙarƙashin ƙasa

Shekarunsa na ƙarshe na aiki ya yi su ne a mahaƙar kwal ta Yorkshire Main da ke Edlington, kusa da Doncaster. Aikinsa jigilar akwatunan kwal ne a kan layin dogo na cikin rami, aikin da ke cikin masu ƙarancin albashi da yawan haɗari a mahaƙa. Ya yi shi yana da shekara hamsin da ɗoriya, har ya haura sittin. Yana cikin ma'aikatan wurin a 1926, shekarar babban yajin aikin Ingila, wanda sauran ma'aikata suka janye bayan kwana tara, amma masu haƙar kwal suka jure wajen wata bakwai kafin yunwa ta mai da su bakin aiki kan albashin da ya fi na da ƙanƙanta.

Ya rasu a watan Disamba na 1930 a wani gidan jinya da ke Balby a Doncaster, bayan doguwar rashin lafiya da ta haɗa da ciwon daji. Yana da shekara 65, kuma bai bar dukiya ba. An binne shi a maƙabartar Edlington ba tare da wata alama a kan kabarin ba. Littattafan tarihin wasanni da aka rubuta a shekarun da suka biyo baya ba su cika ambatonsa ba. Masu rubuta tarihin guje-guje sun fi damuwa da waɗanda suka zauna cikin dokar sha'awa har ƙarshe, masu tarihin ƙwallo kuma da waɗanda suka ɗaga kofuna.

Dawowar suna

Sai a shekarun 1990 aka tono labarin. Wani marubuci, Phil Vasili, ya bi tsofaffin jaridu da takardun gwamnati, ya fitar da littafin tarihin rayuwarsa a 1998. Kafin nan, a 1997, wata ƙungiyar yaƙi da wariyar launin fata a ƙwallon ƙafa da ke Sheffield, mai suna Football Unites, Racism Divides, ta tara kuɗi aka kafa dutse a kan kabarinsa, bayan sama da shekara 60 yana kwance babu suna. A 2003 aka shigar da shi zauren gwarzayen ƙwallon ƙafa na Ingila. A watan Oktoba na 2014 hukumar FA ta buɗe mutum-mutuminsa a St George's Park, cibiyar da ƙungiyar ƙasar ke atisaye, wato ƙungiyar da ba ta taɓa gayyatarsa ba. A Darlington kuma akwai gidauniya mai ɗauke da sunansa.

Yawancin wannan karramawa ta ƙwallon ƙafa ce, ko da yake a gudu ne ya kai ƙololuwa. Ya riga Abdou Sèye na Senegal, wanda ya ci wa Faransa tagulla a mita 200 a gasar Olympics ta Roma a 1960, da shekara 74. Ita kuwa dokar da ta kore shi ta yi tsawon rai. Sai a farkon shekarun 1980 hukumar guje-guje ta duniya ta fara sassautawa ta bar ƴan tsere su amfana da kuɗin wasansu, kusan shekara ɗari bayan ranar da Wharton ya tsallake katangar a Sheffield.

A yau samari da ƴan mata da yawa na barin yammacin Afirka zuwa Turai da ƙasashen Larabawa da ƙafarsu kawai a matsayin jari. Doka ba ta hana su karɓar kuɗi kamar yadda ta hana shi, amma sauran tambayoyin da rayuwarsa ta bari suna nan: wa ke cin kaso mafi girma na gumin ɗan wasa, kuma me ya rage masa idan ya kai shekara 36. Wharton ya bar karatu yana ɗan shekara ashirin da kaɗan, ya yi shekara goma sha shida ana tafa masa, sannan ya yi shekara ashirin da takwas bayan tafin ya tsaya. Kabarinsa na nan a Edlington, yanzu da sunansa a rubuce a kai.